Ginin da Babu Siminti

Mu nan Nima, in ka ga ƙasa a fili haka nan, ba a ɗora mata ɗaki ba, ba a kafa mata ɗan shagon katako na kiyos ba, ko mai koko ba ta ajiye teburinta a kai ba, to kada ka wahalar da kanka da tambaya, shari'a ce a kanta. Haka filin bayan gidan Alhaji Sulemana yake. Filin ma wane fili, tabarma goma sha biyar in ka shimfiɗa ka gama da shi. Yana tsakanin bayan gidan Alhaji da bayan gidan Mma Fuseina, lungu ɗaya ne ke kai ka can, shi ma sai ka karkata kafaɗa in kana ɗauke da kaya.

Baban Alhaji da mijin Mma Fuseina aminai ne tun zuwansu Accra. Da baki suka raba ƙasar, suka dasa darbejiya suka ce ita ce iyaka. Darbejiya ta faɗi wata shekarar da aka yi ambaliya, su kuma suka riga mu gidan gaskiya. Ranar da Alhaji Sulemana ya sa aka sauke bulo ɗari uku da kwanon rufi zai ƙara ɗaki, Iddrisu ɗan Mma Fuseina ya taso daga Ashaiman, inda yake sayar da kayan gyaran mota, ya ce bishiyar babansa ba can take ba, nan take. Aka tafi kotu. Kotu ta ce kowa ya tsaya: kada a yi gini a filin nan, ko su, ko iyalansu, ko masu yi musu aiki, sai an gama shari'a. Shekara uku ke nan bulo yana jibge, ƙadangaru na shan rana a kai.

To, ku san wane ne Alhaji Sulemana. Tela ne mai aikin wuyan riga a Zongo Lane, shekara sittin da takwas, ga hawan jini, kuma tun da aka haife shi bai taɓa taka ofishin 'yan sanda ba ko da rakiya. Takardar odar kotu ya kai aka liƙe masa ita cikin leda, tana aljihun gabansa kullum tare da carbi. Tagar ɗakinsa mai kallon filin ya sa kafinta ya buge ta da katako. Masallaci yana nan kusa ta lungun baya, amma shi sai ya bi ta titi, ya zaga ta bakin gota, babbar kwatar unguwa, sau biyar a rana. Ya tara mutanen gidansa ya ce wanda ya taka filin nan ba da yawunsa ba.

Ana haka Allah ya yi wa Mma Fuseina rasuwa cikin damina. Saura kwana huɗu a yi sadakar arba'in, Sanatu, yayar Iddrisu mai sayar da doya a Agbogbloshie, ta tsare Hajiya Azara matar Alhaji a bakin famfo.

"Hajiya, Asabar ce arba'in ɗin Mma."

"Na ƙirga, Sanatu."

"Mutanen Yendi za su zo, na Kumasi za su zo. Tukunya takwas."

"Faɗi abin da ke bakinki."

"Ba wanda zai riƙe tukunya takwas a unguwar nan sai ke."

Gaskiya ta faɗa. Shekara talatin ba a yi biki ko suna ko sadaka daga nan har Maamobi ba tare da Hajiya Azara ta ɗanɗana gishirin ba. Hajiya ta sauke bokiti.

"Ƙanenki ya sani?"

"In ya ji daga gidanku abincin ya fito, zai ce a raba wa mutane burodi da ruwan leda. Mijinki fa?"

"Nawa ko hayaƙi ya ga ya nufi wajen nan zai ce ya juya." Ta kashe famfon. "Haihuwata ta fari, uwata tana Salaga. Mma ce ta dafa mini ruwan wanka kwana arba'in, safe da yamma. Ni yini ɗaya ake nema a wurina. Je ki sayo itace."

Sai maganar wuri. Tsakar gidan Mma ɗakunan haya sun cinye shi. Titi kuwa na maza ne da malamai, kanofi har uku za a kafa. Matan biyu suka dubi juna, ba wadda ta ambaci sunan wurin.

Ranar Asabar da sassafe mata goma sha biyu suka bi lungu da manyan tukwanen ƙarfen nan da muke cewa dadesan. Ga bulo a jibge ba mai amfani da shi, wa zai tsaya neman duwatsu? Suka jera murhu takwas. Iska ta fara kwashe wuta, suka ɗora bulo kan bulo ta gefen gabas har ƙirji. Sanatu ta ce ita ma ta iya, ta yi ta ɓangaren gidansu, tata ta fito a karkace kamar za ta yi ruku'u. Hantsi ya yi, hadari ya taso, aka kafa sanduna aka jawo kwanon Alhaji aka rufa. Ruwa ya zuba, wuta ko ɗaya ba ta mutu ba.

Iddrisu yana can titi yana karɓar gaisuwa, yana gaya wa kowa ƙawayen yayarsa na kasuwa ne suka yi wannan girki, a zo a ga yadda matan Agbogbloshie ke dafa-duka. Alhaji Sulemana ma ya je, don rigimar fili ba ta hana addu'ar mamaci. Ya zauna can ƙarshen kanofi na uku, aka miƙo masa nasa, ya cinye. Da ya dawo gida ya ce, "Hajiya, yau na ci wata shinkafa, ta kusa kamo taki." Hajiya ta ce, "Allah sarki," ta ci gaba da shafa wa bayanta man zafi.

Niyyarsu su mayar da komai yadda suka same shi. Amma bulo ya yi zafi, ba mai taɓa shi ranar. Washegari kuwa akwai walima a gidan mai waya, suka ce a bar musu. Laraba aka yi sadakar uku a wani gidan. Kowa ya zo sai ya ƙara abin da ya ga ya rage: wannan ta yi dakalin zama, waccan ta toshe kafar da akuya ke shigowa. Ba wadda ta ji tana laifi. Su a ganinsu shari'a ta maza biyu ce, tukunya kuma ta unguwa ce.

Bayan sati uku Iddrisu ya zo kwashe kayan ɗakin mahaifiyarsa. Ya buɗe tagar baya don iska ta shiga, ya ga bango uku da rufin kwano. Ba tukunya ko ɗaya ranar, an share wurin tas. Ya zaro waya ya ɗauki hoto har goma sha ɗaya, bai tsaya ya rufe tagar ba ya hau tirotiro, motar haya, zuwa wurin lauyansa.

A shago masinjan kotu ya sami Alhaji, allura a baki. Aka karanta masa: ana tuhumarsa da raina kotu, ya yi gini bayan an hana, ya zo ya faɗi dalilin da ba za a kai shi gidan yari ba.

Da yamma Lauya Zakaria ya zo gidan. Ɗan unguwa ne, Hajiya ce ta dafa abincin sunansa. Ya shimfiɗa hotunan a kan tabarma.

"Baba, wannan bulon naka ne?"

"Ya yi kama da nawa."

"Kwanon fa?"

"Shi ma."

"To tashi mu leƙa mu gani."

"Ba zan leƙa ba. Shekara uku ban leƙa ba, sai yau da ake nemana da laifi? A ce an gan ni a wurin?"

"Baba, kallo ba gini ba ne."

"Daga kallo ake farawa, Zakaria. Ka gaya mini gaskiya, ɗauri ne?"

"Yana iya zama tara, yana iya zama ɗauri. Alƙaliyar nan ba ta wasa da odarta."

Hajiya ta raka lauya ƙofa, abin da ba ta saba ba. A zaure ta riƙe hannun rigarsa ta gaya masa komai, ban da abu ɗaya: ba ta faɗi sadakar wa aka yi ba. Zakaria ya cire tabarau ya murza ido.

"Mma, da ma wani ne daga waje ya yi."

"Ai murhu ne, ɗana. Ko cokali ɗaya na siminti babu. Gobe da safe sai mu rushe."

"Kada ki taɓa ko bulo ɗaya. Yanzu shaida ce, in kika rushe za a ce an ɓoye laifi. Kuma takardar cewa ta yi shi da iyalansa. Ke ce iyalinsa na farko. In kika tsaya gaban kotu kika ce ke ce, kin ɗaure shi da hannunki. Wa kuka dafa wa?"

"Ba a faɗa."

"Ni lauyanku ne."

"Ko limaminmu ne kai. Abin da aka yi wa mamaci ba a tallarsa. In na faɗa ya zama gori, ladan ya zube, ni da ita duka mun yi asara."

Washegari ta ɗaura gyale ta nufi Agbogbloshie. Ta sami Sanatu a bayan tulin doya tana faɗa da direban da ya kawo mata kaya rabi a fashe. Da ta ga Hajiya sai faɗan ya mutu. Ta jawo mata kujera, ta saya mata ruwa mai sanyi.

"Na ji, Hajiya. Wallahi sai da Iddrisu ya kai takarda kotu na ji."

"Ba ki ce masa komai ba?"

"Da wane bakin? Ya gaya wa Yendi da Kumasi ƙawayena ne suka yi girkin. Har kuɗin sabulu ya ba ni in raba musu. Kin san Iddrisu, in ya ji kunya ba ya jin ta shi kaɗai, sai ya shekara bai gaishe ni ba. Mu biyu muka rage."

"Alhaji ya fara haɗa jaka."

"Wace jaka?"

"Ta gidan yari. Ya sa maganin hawan jini, ya sa asuwaki, ya sa 'yar butarsa. Jiya yana tambayata ko can ana barin mutum da hula."

Sanatu ta yi dariya, sai ta katse ta, ta dubi tulin doyarta.

"Ban zo in ce ki yi komai ba," in ji Hajiya. "Ni dai sunan Mma ba zai fito daga bakina ba. Ke 'yarta ce, ke kike da ikon faɗa, ke kike da ikon yin shiru. Ba ni doya biyu masu kyau, ba irin waɗanda kike ba 'yan ofis ba."

Ranar Litinin aka shiga kotu. Alƙaliyar 'yar siririya ce, tabarau a ƙarshen hanci, ba ta ɗaga murya. Alhaji ya rantse ta bakin tafinta cewa shekara uku idonsa bai sauka a filin nan ba. Lauyan Iddrisu, wani mai tumbi da ƙaramin agogo, ya miƙe.

"Ya Mai Shari'a, bangon ɗakin kwanansa ne iyakar filin. An ɗaga bango uku, an buga kwano, shi kuma bai gani ba, bai ji ba. Ko aljanu ne suka yi masa kwangila?"

Aka yi dariya. Alhaji ya zaro takardarsa mai leda ya ɗaga sama, kamar ita za ta yi masa shaida. Alƙaliya ta daɗe tana duba hotunan, ta juya ɗaya ta sake juyawa.

"Ginin nan ba shi da ƙofa ko kuwa duk gabansa ƙofa ne? Zan zo in gani da idona ranar Alhamis, ƙarfe goma. In na tarar an taka odata, wanda ya taka ba zai kwana a gidansa ba."

To, ga inda abin ya cakuɗe. Matar Kazeem mai walda ta haihu ranar Alhamis ɗin da ta wuce, suna ya faɗo daidai ranar zuwan alƙaliya. Hajiya ta bi gida gida tana roƙon mata kada a hura wuta a wurin. Wadia, wadda ta koyi girki a hannunta, ta ce, "Hajiya, jariri bai san alƙaliya ba. An sayi buhun shinkafa biyu, a ina za mu dafa, a kan gado? Ke dai kada ki sa hannu. Mu ba sunanmu a takardar."

Ƙarfe goma da rabi motar kotu ta tsaya a bakin titi, don lungu ba ya cin mota. Alƙaliya ta sauko da takalmi mai tsini, ta bi bayan tafinta, lauyoyi biyu na biye, sai Iddrisu, sai Alhaji Sulemana da jakarsa a hammata, Hajiya a bayansa. A bakin filin Alhaji ya ja ya tsaya.

"Ya Mai Shari'a, in shigo?"

"Shigo."

"A rubuta ke kika ce."

"An rubuta."

Ya shiga, ya ga abin da bai taɓa gani ba. Tukwane shida a kan wuta, hayaƙi na fita ta ƙarƙashin kwanonsa, mata na yanka albasa a kan dakalin bulonsa, wata na soya yajin shito tana tari. Suka gaida alƙaliya da "sannu da zuwa, Anti," wata ta goge mata kujera.

Alƙaliya ba ta zauna ba. Ta zaga bangon, ta shafa cikinsa, yatsanta ya fito baƙi. Ta tura bulo na sama da tafin hannu, ya motsa. Ta dubi lauya mai tumbi ta saman tabarau.

"Wannan ne gidan?"

"Ya Mai Shari'a, ko gida ko madafa, an ɗora abu a kan ƙasar da kotu ta ce a bari. Da kayan wanda ake tuhuma. Wani ne ya ba da izini."

Da Hajiya ta iya riƙe bakinta minti biyar, da wataƙila an tashi a haka. Amma hancinta ya riga ya ji abin da ba wanda ya ji.

"Wadia, tukunya ta uku tana kamawa. Janye itace biyu. Ba wannan ba, na hagun. Murhun nan ramin iskarsa ta baya na yi shi, sau nawa zan faɗa?"

Tafinta, bawan Allah mai riƙon amana, ya fassara har da sau nawa zan faɗa. Zakaria ya rufe ido.

"Wace ce wannan?" in ji alƙaliya.

"Matar wanda ake tuhuma ce, Ya Mai Shari'a," in ji mai tumbi, fuskarsa kamar an ba shi kujerar Makka.

"Mama, ke kika jera bulon nan?"

"Ni ce. Shi bai sani ba."

"Yaushe?"

"Asabar, sha huɗu ga watan shida."

"Don me?"

"Girki."

"Girkin wa?"

Hajiya ta gyara gyale ta dubi ƙasa. Aka sake tambaya, ta ce a yi mata haƙuri. Alhaji yana kallon matarsa ta shekara arba'in da biyu kamar yau aka kawo ta. Ya sauya wa jakar hammata, ya matsa gaba ɗaya.

"Ya Mai Shari'a, in iyalina ne, ni ne. Ga ni."

Iddrisu kuwa tun da aka ambaci ranar yake ƙirga wani abu da yatsu. Bai gama ba aka ji murya daga bakin lungu.

"Bangon can mai karkata nawa ne."

Sanatu ce, da atamfar kasuwa, ƙasar doya har gwiwar hannu. Ta ratsa mata ta zo ta dafa bangon, ya ɗan girgiza.

"Ni na ɗora shi, ni na kawo itace, ni na je na roƙe ta a bakin famfo. Iddrisu, daina ƙirga, arba'in ɗin Mma ce."

"Yaya, kin ce ƙawayenki..."

"Ƙawayena doya suka iya sayarwa. Wace ce a cikinsu za ta ciyar da mutum ɗari huɗu ƙasan tukunya bai kama ba? Faranti biyu ka ci, ka sa aka ƙulla maka na uku a leda ka tafi da shi Ashaiman. Tun asuba matar nan take tsaye a kan wuta saboda uwarka, da ciwon bayanta, ba ta karɓi ko sabulu ba. Kai kuma ka ɗauki hoton murhun ka kai kotu."

Tafinta ya bi ta a guje har ya kai ƙarshe. Iddrisu ya cire hula, ya dubi cikinta, ya mayar. Ya dubi bangon, ya dubi tagar ɗakin mahaifiyarsa da ke buɗe har yanzu.

Alƙaliya ta miƙa hannu, Alhaji ya gane, ya ba ta takardar mai leda. Ta karanta a hankali.

"Odar nan ta hau kan ɓangare biyu, su da iyalansu. Bangon gabas na gidan wanda ake tuhuma ne. Bangon yamma na gidan mai ƙara ne, kuma shi ya fi muni." Ta juya ga mai tumbi. "Lauya, in na ce wannan gini ne, mutum biyu zan tafi da su yau, motar kuwa tana da wuri. Kana so ka yi magana da wanda kake wakilta?"

Ba a kai ga yin maganar ba. Iddrisu ya ce, da Hausa, ba tare da ya dubi kowa ba, "A janye."

"Ka tabbata?"

"A janye. Abincin sadakar uwata ne."

Alƙaliya ta rubuta. Ta ce an sallami Alhaji Sulemana daga tuhumar raina kotu. Ta ce amma oda oda ce, kafin kwana bakwai kowane bulo ya koma inda yake, masu shari'ar biyu su tsaya a kai da kansu.

"Anti, to mu a ina za mu riƙa dafawa?" in ji Wadia, ludayi a hannu.

"Wannan ba ya gabana. In mutanen nan biyu suka yarda da wani abu a rubuce, su kawo mini in duba." Ta ɗan shaƙi iska. "Wadda ke kan wuta dai a bari ta nuna."

Aka zuba mata a kula, ta ce aikinta bai yarda ba. Tafinta ya ce shi nasa aikin bai ce komai ba a kan haka.

Da za a watse, Iddrisu ya zo gaban Hajiya ya ɗan rusuna, abin da bai yi ba shekara uku.

"Mma, Allah ya saka."

"Ban san abin da kake magana a kai ba," in ji Hajiya. "Je ka rufe tagar can, sauro na shiga."

Ranar Lahadi aka ga dattawa biyu a filin, kowa ya naɗe hannun riga, suna ɗaukar bulo ɗaya ɗaya suna haki. Kafin a kwashe ashirin sun fara musu: Alhaji ya ce tulin nan yake da, Iddrisu ya ce can yake, nan ai gindin darbejiya ne. Sanatu ta ce su ajiye a tsakiya ko ta kira Anti. Shari'ar filin tana nan har yau, an ɗaga ta zuwa bayan Sallah. Zakaria ya rubuto wata takarda ta barin mata su riƙa girki kafin a yanke hukunci, tana yawo tsakanin Zongo Lane da Ashaiman, kowa na jira ɗayan ya fara sa hannu.

Amma ranar Alhamis ɗin nan dai Alhaji a gidansa ya ci tuwo. Bayan la'asar ya zauna bakin gado yana fitar da kayan jaka, ya mayar da magani kan taga, ya rataye buta. Hajiya tana ninke wanki, tana jiran faɗa.

"Hajiya."

"Na'am, Alhaji."

"Na ce wanda ya taka filin nan ba da yawuna ba."

"Ka faɗa."

"Da kin tambaye ni, da na hana."

"Shi ya sa ban tambaya ba."

Ya jinjina kai, ya daɗe yana juya asuwaki a hannu.

"Shinkafar nan da na ce ta kusa kamo taki."

"Na ji ka ranar."

"To ai ban yi ƙarya ba. Gishirin ya ɗan yi kaɗan."

Hajiya ta ajiye wankin ta dube shi. "Likita ya hana ka gishiri. Farantinka daban na zuba, na ce a kai wa mai farar hula a ƙarshen kanofi na uku."